Kwakwar Ado: Wa Ya Ce Mana Madobi Dubai Ce?

Mai karatu, yau ka yi mini afuwa, ba labarin soyayya na kawo maka ba. Faɗa na zo yi, kuma da yayana uwa ɗaya uba ɗaya zan fara, don kada wani ya ce na tsallake ɓarnar gida na tafi tonon ta maƙwabta. Ban kuma ci amanarsa ba, domin a gaban idonsa na ce masa sai na rubuta, ya yi dariya ya ce in rubuta mana, ai biro ba ya tsirar da itace. To ga shi na rubuta.

Bayan rasuwar Baba, Allah ya jiƙansa da rahama, aka raba mana gado, gonar bakin gari ta faɗo a kason Yaya. A cikin gonar nan akwai giginya biyu, mace da namiji, da wata goriba mai rassa huɗu a kan iyaka. Baba ya ce shi ma tashi ya yi ya gan su a haka. Duk lokacin da na taso daga Kano ta hanyar Panshekara, ba allon gwamnati ne yake gaya mini na iso Madobi ba, kawunan giginyun nan ne da nake hangowa tun daga nesa. A ƙarƙashin macen muka yi tsintar 'ya'ya muna yara, mu tsotse har leɓenmu ya yi ja, mu kai wa Inna ƙwallon ta sa a binne. In an kwana biyu a haƙo muruci, ta dafa, mu ci mu ƙoshi, ragowar a ɗora wa yarinya talla. Da kuɗin murucin nan aka saya mini takalmin da na shiga sakandare da shi, ba zan manta ba.

A shekarar 2021 Yaya ya tashi gini. Wata Asabar na zo gida, mota ta sha kwanar nan da na saba, na ɗaga kai, sai na ga sarari fetal. Wallahi sai da na zaci direba ya ɓata hanya. Yini guda injin sarar itace ya yi, ya gama da abin da ya girmi ubanmu. Inna kuwa ba ta ce uffan ba. Ɗan fari ne, ko sunansa ba ta faɗa, balle ta tsaya yi masa faɗa. Abin da kawai ta ce mini shi ne, "'Yar nan, ki tambayi yaron nan ko ya rage azara ko guda ce, ɗakina na yoyo." Ashe tun kafin a kayar da su an sayar.

Da ginin ya kammala, aka malala intalok tun daga bakin get har ƙofar falo, sai ga mota daga Abuja ɗauke da wasu dogayen itatuwa goma sha biyu, an naɗe saiwarsu da buhu, kowacce ta fi mutum tsayi. Jiki sumul kamar ginshiƙin siminti, wuya kore shar, ga tuntun ganye a ka. Kuɗin guda ɗaya ya sayi buhunan shinkafar Kura har a ba ka canji. Aka jera su shida dama, shida hagu, kamar dogarai.

Na ce, "Yaya, wannan kuma me take haifa?"

Ya ce, "Ba ta haifar komai, ta ado ce."

"To inuwa fa?"

"Ke dai har yanzu ƙauyanci bai sake ki ba. Ba ki ga Dubai ba ne? Ba ki ga Maitama ba?" Sai ya juyo ya dube ni da kyau, ya ce, "Kuma ke har kina da bakin magana? A littafin wa na fara ganinsu?"

Nan fa ya ɗaure ni da jijiyar wuyana, na yi tsit. Masu iya magana sun ce wanzami ba ya son jarfa, to amma yau sai na tsaga kaina kafin in tsaga kowa. Ya ku 'yan'uwana marubuta, mu ji tsoron Allah mu faɗi gaskiya: mu muka fara dasa itacen nan a ƙasar Hausa, a kan takarda. Ɗauko duk littafin da kake so cikin waɗanda muka cika kasuwa da su tun daga shekarun 1990, ka buɗe inda yarinya ta fara shiga gidan Alhaji. Mai gadi ya wangale get, mota ta sulala, sai ga dogayen bishiyoyin kwakwa a jere suna kaɗawa, ga furanni suna ƙamshi, yarinya ta saki baki tana tambayar kanta anya a Nijeriya take. Ni kaina na rubuta wannan shafin ya fi sau biyar, sunan Alhajin kawai nake canzawa. Giginya fa? Ita ba ta fitowa sai in za a kai yarinya ƙauye horo, ko in boka zai aiki mutum tsakar dare. Tsamiya ta aljanu, kuka ta mayu, goriba ta almajirai. Shekara talatin muna karanta wa mutane wannan karatun, su karanta a ɗaki, su ji a rediyo, su gani a fim, yau kuma muna mamaki don yaron da ya haddace ya girma ya yi kuɗi ya kira mai inji. Tun a 1994 Malam Ibrahim Malumfashi ya raɗa wa rubutunmu suna adabin kasuwar Kano, muka yi ta jin haushi. Ni har gobe ban yarda da duk abin da aka faɗa a kanmu ba, amma a kan wannan gaɓar guda, an kama mu da hannu a cikin tukunya.

To bari mu dubi baƙuwar da aka kori 'yan gida saboda ita. Da abin ya dame ni sai na shiga bincike. Irin wadda Yaya ya dasa, wadda ake wa laƙabi da kwakwar sarauta, asalinta daga Kyuba da maƙwabtanta take, har ma ita ce itacen da ƙasar Kyuba ta ɗauka tambarinta. Akwai 'yar gajeruwa mai tsiro cunkus da ake sawa a tukunya a baranda, ita daga Madagaska take. Akwai mai ganye buzu-buzu kamar wutsiyar dila, daga arewacin Ostireliya. Dukkansu 'ya'yan bakin teku ne, inda iska take da laima dare da rana. Abin da ya fi ba ni dariya, kwakwar sarautar nan a garinsu ba 'yar kwalliya ba ce, ma'aikaciya ce. Da ganyenta talakan Kyuba yake rufin ɗaki, da jikinta yake katako, da kuben ganyen yake naɗe taba, ƙananan 'ya'yanta kuwa aladu ake ba wa. Wato dai ita ce giginyarsu. Mu muka sare tamu giginyar, muka sayo giginyar wasu da tsada, muka tsayar da ita a ƙofar gida ba aikin fari ba na baƙi, sai shan ruwa.

Shan ruwa kuwa ba na wasa ba. Mu a nan damina wata huɗu ce zuwa biyar, abin da ke sauka a shekara bai cika kaiwa milimita 1,000 ba, sannan sama ta ɗauke wata bakwai cur ko ɗigo babu. Hunturu ya zo ya busar da leɓen mutum ma balle ganye, bazara ta biyo baya da zafin da ke haura digiri 40 a watan Afrilu. Giginya da goriba sun san wannan, da shi aka halicce su, ba wanda ya taɓa ɗaukar bokiti ya ba su ruwa. Baƙuwa kuwa saiwarta gashi-gashi ce a sama-sama, in ƙasa ta bushe kwana kaɗan sai bakin ganyen ya ƙone. Saboda haka Yaya ya haƙa rijiyar burtsatse, ya ɗora tanki, ya ɗauki yaro musamman wanda ba shi da aiki sai jan tiyo safe da yamma.

A nan ne abin ya tashi daga ban dariya ya koma ban haushi. A bazarar 2024, wadda kowa ya san irin zafin da aka sha a cikinta ga kuma azumi, rijiyoyin unguwar suka ja baya, guga sai ya dawo da laka. Na zo gaida Inna, da la'asar na bi ta ƙofar gidan Yaya. A waje yara mata ne da jarkoki sun yi layi a jikin katanga suna jiran a buɗe musu famfon sadaka na minti talatin, a ciki kuwa ina jiyo tiyo yana ambaliya a gindin itacen da ko tsuntsu ba ya sheƙa a kansa. Ruwan har ya gangaro ta ƙarƙashin get, wata yarinya ta sa murfin jarka tana kamfata. Ba zan zalunci Yaya ba, yana buɗe famfon, Allah ya ba shi lada. Amma a tsarin gidan, itace ne yake fara sha, sannan 'ya'yan mutane. Kuma duk yaran nan a rana suke tsaye, domin inuwar da ke wurin a da an sayar da ita.

Hausawa sun daɗe suna yi wa giginya gori, wai na nesa ka sha inuwarta. To ai gara ita, na nesan yana sha. Wannan fa? Na kusa bai sha ba, na nesa bai sha ba. Inuwarta kamar ta sandar rake.

Wanda bai san yankinmu ba zai ce, ku da kuke kwance a kan ruwa, mene ne abin ƙorafi? Bari in tuna masa yadda aka yi ruwan ya zo. A zamanin Gwamna Audu Bako aka gina madatsar Tiga, aka gama a 1974, aka jawo ruwa ta babban kanal ya gangaro da ƙafarsa har Bunkure da Kura da Garun Malam, aka tsara shayar da hekta 22,000 a kashin farko. Ba kyauta aka same shi ba. Dattawan Kadawa da kewaye suna nan da ransu, a tambaye su ɗorawa da tsamiya da kanya nawa katafila ta tuge don a baje fili. Mutanen Hadeja da Nguru da Gashuwa su ma sun biya nasu kason, domin tun da aka tare Tiga, aka ƙara da Challawa a 1992, ambaliyar da ke cika musu fadama ta ragu, masunta da makiyaya da manoman shinkafarsu suka ji a jika. Hujjar da aka ba kowa ita ce abinci. An ce ku yi haƙuri, da ruwan nan za a ciyar da ƙasa. Kuma an ciyar ɗin: shinkafar Kura, alkama, albasa, masara, da tumatirin da ake lodi a Kwanar Gafan har Legas. Wannan ciniki ne da mutum zai iya kare shi a gaban Allah. Amma ni da idona na ga tanka ta ja ta tsaya a bakin ƙaramin kanal da magariba, an zura inji ana zuƙa, na tambayi yaron motar ina za a kai, ya ce gidan gonar wani mai kuɗi, za a ba fulawa. A daidai lokacin manomin da ke ƙarshen layi yana kwana a gona da fitila yana jiran ruwa ya iso kan tumatirinsa. Don Allah da wane baki za mu gaya wa masuncin Nguru cewa an busar masa da tafki ne don kwakwar Kyuba ta yi sheƙi?

Na san za a ce ai ƙasashen da suka ci gaba haka suke yi. Madalla, mu je can ɗin. Birnin Los Angeles na Amurka, wanda a finafinansu duniya ta koyi cewa jerin dogayen itatuwan nan shi ne alamar daula, a 1931 ya dasa sama da 25,000 ana shirin wasannin Olamfik na 1932. A 2006 majalisar birnin ta yanke cewa in sun mutu ba za a riƙa maye gurbin galibinsu da irinsu ba, sai da itatuwa masu inuwa. A 2021 hukumar Miami Beach, inda suka haura rabin itatuwan gari, ta fito da shirin mayar da su kashi ɗaya cikin huɗu kafin 2050. Dalili? Zafi ya ƙaru, kuma itacen ba ya ba da inuwa, ba ya sanyaya titi. Masu abin sun gaji sun fara ajiyewa, mu kuma yanzu muka sunkuya muna tsinta. Kullum haka muke, sai an gama yayin abu a duniya sannan ya iso mana da tsada, kamar gwanjo.

Akwai ma wani haɗarin da masu jigilar itace daga ko'ina ba sa tunawa. Wani jan ƙwaro ne mai dogon baki, ɗan asalin kudancin Asiya, tsutsarsa tana shiga cikin jikin dabino da danginsa ta cinye shi ta ciki, ba a ankara sai ran da kan ya faɗo. A tsakiyar shekarun 1980 ya shiga ƙasashen Larabawa, a 1992 aka gan shi a Masar, daga nan ya tsallaka Sifaniya da Italiya da Faransa. Ba da fiffikensa ya ƙetare teku ba, a cikin manyan itatuwan da ake sayowa don ƙawata otal-otal da tituna aka yi masa dako. Ɓarnar ta kai sai da hukumar abinci ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta kira taro a kansa a birnin Rum a 2017. Duk mai sha'awar ya yi odar itace daga waje don ya burge abokai, ya tuna akwai masu dabino a Jigawa da Yobe da Agadas da abincinsu ke rataye a kan ganganci irin nasa.

Yanzu ka zo mu lissafa abin da muke sarewa. Ka shiga Gidan Makama a Kano ka ɗaga kai. Ka je Zariya ka ga abin da ya rage na ginin Masallacin Juma'a da Babban Gwani Muhammadu Durugu ya yi a shekarun 1830, ka dubi bakan gizon nan da har yau masana gine-gine na duniya suke zuwa kallo. Ƙashin bayan wannan duka azara ce, azara kuwa jikin giginya ce, itacen da gara take sara ta haƙura. Rodin da Yaya ya zuba a dakalinsa ya fara tsatsa, azarar Durugu ta doshi shekara 200. Kumburin nan da kake gani a tsakiyar jikin giginya ba ya fitowa sai ta haura shekara 20, wato duk wadda ka gani da shi ta daɗe tana jiran ta yi maka amfani. A Sakkwato, filin da Sarkin Musulmi Attahiru ya tari Turawa ranar 15 ga Maris 1903 sunansa Giginya, shi ya sa har yau barikin soja da filin wasa suke amsa sunan. A cikin Kano akwai unguwa sukutum mai suna Giginyu, kamar yadda ake da Dorayi da Kurna da Rimin Gado. Kakanninmu da itace suke raɗa wa gari suna. Mu kuwa me za mu bar wa jikoki, Unguwar Fulawa?

Goriba kuma ai ba a magana. A duk danginta ita ce fitacciya wajen yin rassa, kai ka ce hannu ta ɗaga tana addu'a. Kabarta ita ce tabarmar da aka haife mu a kai, aka yi mana karatun allo a kai, ita ce igiya da mafici da malafa da kwando. Mata nawa ne a karkara suka aurar da 'ya'ya da saƙar kaba? A jihar Maradi akwai kwari guda da sunanta yake amsawa, Gulbin Kaba. A Masar an tarar da 'ya'yan goriba a kaburburan Fir'aunoni, kuma har yau jiƙonta yana cikin abin shan da suke buɗa baki da shi. Mu kuwa sai dai mu ce abincin almajirai. Madobiya ma, wadda sunanta ya yi kama da na garinmu, ba mu san darajarta ba sai da 'yan kasuwar Sin suka zo suna kwasarta kwantena-kwantena daga dazuzzukan Taraba da Adamawa da Kogi, har a 2016 aka sa ta cikin jerin itatuwan da duniya ta sa wa cinikinsu takunkumi. Namu ana fita da shi da dala, na wasu muna shigo da shi mu yi masa hidima.

Da na faɗa wa Yaya wannan, sai ya kawo hujjojinsa, kuma ba zan ɓoye su ba don wasu suna da ƙarfi. Ya ce kuɗinsa ne, filinsa ne. Haka ne, fili nasa ne, shari'a ta ba shi. Amma ruwan da ke ƙarƙashin filin bai san katanga ba, tafki ɗaya ne da shi da rijiyar maƙwabcinsa suke sha. Ya ce 'ya'yan giginya in suka faɗo sai su fasa gilashin mota, ko kan yaro. Wannan gaskiya ce tsantsa, ɗan giginya ba abin wasa ba ne, ni ma ba zan ce a bar mace a tsakar gida ba. To namijin fa, da ba ya haihuwa, me ya yi? Goribar da ke can kan iyaka fa, motar wa ta tare wa hanya? Filin nan ya isa a ja ginin gefe a bar su a waje, mai zanen ne kawai ya ga sun ɓata masa hoto.

Ya ce ai darbejiya ma baƙuwa ce, mangwaro ma baƙo ne. Ƙwarai kuwa, daga Indiya suke, darbejiya ma sai a 1928 aka fara dasa ta a Borno. Ni ba ƙin baƙo nake ba, Bahaushe bai taɓa ƙin baƙo ba. Amma darbejiya da ta zo, zama ta yi ta koyi halin gari. Ta jure ƙishi, ta yi wa kasuwa rumfa, ta yi wa makaranta aji, ta ba mai zazzaɓi ganye, ta ba tsoho asuwaki. Baƙon da ya zo ya ɗauki fartanya daban yake da wanda ya zo ya miƙe ƙafa yana jiran a kawo masa ruwan wanka har abada.

Daga ƙarshe ya ce, to shi ado haramun ne? A'a wallahi. Ni mace ce, na fi shi sanin ado. Amma wa ya ce abu ba ya yin kyau sai in ba shi da amfani? In dogon itace mai tuntu ake so a ƙofar gida, ina aka baro dabino? Itacen da aka ambata a Alƙur'ani a wurare da yawa, wanda a gindinsa Nana Maryamu ta haihu, wanda Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya kwatanta mumini da shi. Dubai ɗin da Yaya yake kafa mini hujja da ita, tsibirin da suka fara ginawa a cikin teku a 2001 siffar dabino suka yi masa, wato da itacen kakanninsu suke taƙama. Ba zan yi maka ƙarya ba, dabino ma mashayin ruwa ne, amma yana biya. In ka dasa ɗan da aka cire daga gindin uwa mai kyau, shekara huɗu zuwa biyar ya fara haihuwa, namiji guda ya ishi mata da yawa in an iya barbara da hannu. A Dutse ta Jigawa, nan kusa da mu, akwai reshen cibiyar binciken kwakwa ta ƙasa da aka keɓe musamman don dabino. Amma duk azumi sai mun jira na Nijar da Aljeriya da Saudiyya, mu saya da tsada, alhali a gefen kanal akwai wuraren da ƙasa ke jiƙe shekara duka. Haba jama'a!

Maƙwabtanmu na Maradi, da ruwansu bai kai namu ba, tun shekarun 1980 suka koma barin kututture ya tofo a gona suna yi masa gyara maimakon su ƙone shi, an ƙiyasta sun dawo da itatuwa kusan miliyan 200 a kan hekta miliyan 5 a faɗin ƙasarsu. A Gaya ta jihar Doso, ƙauyuka ne da kansu suke tsaron dajin giginya, ba ka isa ka sare ba sai da izini. Mu kuwa Kano tana cikin jihohi 11 da aka sa a shirin nan na Afirka na kafa katangar itatuwa don tare hamada, wanda aka amince da shi a 2007, amma in ka ga an kira 'yan jarida dashen itace a ƙofar wata ma'aikata ko sabon shataletale, leƙa ka ga abin da ake dasawa.

Ga wanda ya riga ya saya, ko ya rantse sai ya dasa, to aƙalla kada ya haɗa ɓarna biyu, ga asarar ruwa ga asarar itace. Na koyi wannan daga gawarwakin ƙofar gidan Yaya. Kada a dasa da hunturu ko bazara, a bari sai damina ta zauna. Kada a binne wuyan ya wuce inda ƙasa take a da, ruɓewa yake. Kada a matse gindin da intalok, zafin da siminti ke ɗauka da rana dafa saiwar yake, a bar masa fili a rufe da ciyawa ko ɓuntun shinkafa, wanda Kura take da shi tuli, sai ya riƙe laima a rage ban ruwa. A daina aske koren ganye don wai ya yi tsaf, daga tsohon ganye sabo yake samun abinci, sai wanda ya bushe ƙurmus ake cirewa. Kuma a sani dogayen nan masu jiki ɗaya zuciya ɗaya gare su, a can ƙoli, in ta mutu ko an sare ta shi ke nan, ba sa tofowa kamar darbejiya. Ruwan wanki da na alwala da ake zubarwa a kwata, in ba sabulu ya yi masa yawa ba, ya ishi guda biyu. Biyu na ce, ba goma sha biyu ba.

Cikin sha biyun Yaya, huɗu ba su ga ƙarshen hunturun farko ba, uku suka bi su a bazarar da na ba ka labari. Saura biyar, biyu a ciki ganyensu ya yi rawaya kamar mai shawara. Ni kuma sai bara Inna ta kira ni ɗaki ta gaya mini abin da ta ɓoye. Ashe ranar da aka kayar da macen, ta aiki jikanta ya tsinto mata 'ya'ya uku cikin waɗanda suka zube, ta sa ya binne su a kan iyakar ɗan kason gonar da ya faɗo mini, ta hana a haƙe murucin. Na je na gani. Biyu sun fito, ganye ne kawai a ƙasa kamar mafici, an kewaye su da ƙaya saboda awaki. Inna ba za ta ga kumburinsu ba, ni ma da wuya.

Ramuka bakwai suna nan a buɗe a ƙofar gidan Yaya, ya ce bayan Babbar Salla mota za ta kawo wasu. Na ce masa, "Yaya, ni zan biya kuɗin motar daga aljihuna, in dai daga Dutse za ta taso." Bai ce e ba, bai ce a'a ba. Ya dai yi shiru yana kallon ramukan, can ya tambaye ni cikin bakwai ɗin nawa za a sa mata, nawa maza.